Ruwan layi da rijiyar bakin fadama: nazarin wani lamari a Maraɗi

Layin da wannan nazari ya shafa yana cikin waɗanda ke gangarowa daga tudun Maraɗi zuwa fadamar gulbi, ta wajen tsofaffin unguwannin yammacin gari. Babu kwalta a kansa, babu kwata. Daga sama yana haɗe da wani titi mai kwalta, daga ƙasa kuma yana ƙarewa a bakin lambuna. A nan akwai wata rijiya da masu lambu ke ban ruwa da ita, matan gidajen ƙasa kuma suna ɗiba don wanki da girki, har da sha idan famfo ya ɗauke ko kuɗin mai ga-ruwa ya gagara. Na sakaya sunan unguwar da na mutanenta, domin an yi sa-in-sa a kan lamarin, kuma har gobe maƙwabtan juna ne.

Shekara da shekaru rijiyar nan tana ba da ruwa garai-garai, rani da damina. Daga baya sai hali ya sauya. Duk ranar da aka yi ruwa mai ɗan ƙarfi, washegari a tarar ruwanta ya yi jawur, ya yi kauri, wani lokaci har da ɗoyi, sai ya kwana biyu kafin ya kwanta. Iyaye mata na gidajen ƙasa su ne suka fara lura cewa zawon yara yana biyo bayan irin waɗannan ranaku. Rijiyar kuwa tana nan inda take, ba wanda ya sauya mata gini. Dattijon da ya gaje ta, mai lambun da ke kusa, ya ce ruwa ba ya tsami banza, a duba sama.

Gari a tudu, fadama a ƙasa

Asalin Maraɗi a cikin fadama take, daf da gulbi. Ambaliyar 1945 ce ta cinye tsohon garin, Turawan Faransa suka hau da mutane kan tudu, suka yanka musu layuka miƙaƙƙu masu gitta juna. Hawan ya raba gari da ɓarnar gulbin nan da ke tasowa daga wajen Katsina, ya ratsa Madarunfa da Maraɗi da Tibiri da Gidan Rumji, sannan ya sake shiga Najeriya ya haɗu da kogin Rima. Sai dai tun daga ranar, duk ɗigon da ya sauka a gari bai samu wurin nutsewa ba, fadama zai nufa. Layi miƙaƙƙe mai bin gangare kuwa ba shi da kwanar da za ta karya wa ruwa gudu.

Abin da Maraɗi ke samu a shekara wajen milimita 500 ne, kusan duka tsakanin Yuni da Satumba, Agusta ke ɗauke da kaso mafi tsoka. Ruwan yakan zo ne a dunƙule, hadari guda ya juye abin da ya ɗauko cikin ɗan lokaci. Ranar Juma'a 30 ga Agusta 2024, hukumomin jiha sun ce milimita 150 ta sauka a birnin cikin sa'a ɗaya da rabi, mutum 15 suka rasa rayukansu, gidaje suka faɗi, ruwan famfo da wuta suka katse a wasu unguwanni. Kusan sulusin ruwan shekara ke nan, a tsakanin lokacin da bai kai na girkin tuwo da miya ba. Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu.

Ƙasar tudun jigawa ce, yashi mai shan ruwa. Lokacin da gidajen layin nan suke na laka, tsakar gida rairayi, ga dogon yaro ko mangwaro a tsakiya, mafi yawan ruwan gida a gida yake nutsewa. Ƙidayar 2012 ta samu mutum 267,249 a birnin, tun daga nan kuma gari bai daina cika ba. Kwano ya maye gurbin soro, birgin siminti ya maye gurbin tubali, wanda Allah ya hore wa ya shafe tsakar gidansa da siminti ko tayil daga zaure har ƙofar ɗaki. Ba laifi ba ne mutum ya so iyalinsa su huta da caɓi. Amma ga abin da lissafi ya nuna.

Milimita ɗaya ta ruwan sama a kan murabba'in mita ɗaya, lita ɗaya ce. A ɗauki gida mai murabba'in mita 300, rufinsa 120, tsakar gida 180. Idan aka yi ruwan milimita 30, irin wanda ake yi sau da dama a kowace damina, lita 9,000 ce ta sauka a gidan, wato tano 45 mai cin lita 200. Tano 18 daga rufi, 27 a tsakar gida. In tsakar gidan rairayi ce, za ta shanye mafi yawan nata, har ta taɓa na indararo. In siminti ce, kusan duka sai ya fita ta rariya, cikin 'yan mintoci, a daidai lokacin da na maƙwabta ma ke fitowa. A ranar milimita 150 kuwa, gida ɗaya tak ya karɓi lita 45,000, tano 225. Manyan gidajen da aka shafe da siminti a layin nan duk a sama suke, inda fili ya fi tsada. Ga kuma ruwan titin kwalta da ke karkatowa ya shigo layin ta baki.

Abin da ruwan ke ɗaukowa

Wanda ya tsaya a zaure yana kallon ruwan farko na shekara yana wucewa, ya san ba ruwa kaɗai ne ke tafiya ba. Wata bakwai ko takwas ƙasa ba ta ga ɗigo ba, duk abin da rani ya tara yana nan yana jira. A saman layin akwai masu gyaran kabu-kabu, ƙasar wurin ta yi baƙi ƙirin da baƙin mai, ruwa na bi ta kai sai ka ga wani maiƙo mai launi-launi yana yawo a samansa. Kusan kowane gida akwai turken jar akuya ko rago, ruwa ya wanke kashi da fitsari ya fito da su. Akwai gologo a bayan katanga, inda ruwan wanka da na wanke-wanke ke taruwa, da an yi ruwa ya cika ya tumbatsa. Akwai fo ɗin yara da ake juyewa a juji, da famfas da ake ƙullewa a leda a jefar. Akwai toka, da matattun batura, da ruwan rini. Akwai kuma abin da mutane ba sa son a faɗa a fili: wasu na jiran a kece da ruwa cikin dare su buɗe gologo, ko su kwashe salgar da ta cika su zuba a layi, don ruwa ya tafi da shi. Tafiya kam yana yi da shi, zuwa gidajen ƙasa.

Leda kuwa tana da nata ta'adin dabam. Tun watan Nuwamba 2014 Nijar ta yi dokar hana shigo da ledar nan mara kauri da sayar da ita, amma kowa ya ga yadda take maƙale a kowace ƙaya. Tana toshe rariya da kwalbati, tana kuma shiga cikin yashi ta yi shimfiɗa, ruwa ya kasa ratsawa.

Gudun ruwan ya ƙwaƙule tsakiyar layin har ya zama kwazazzabo, wani wurin ya kai ƙugun babban mutum. Tiyon famfo da aka binne ya fito fili, amalanke da babur suna takawa, yana tsagewa. Wannan ma hanya ce ta gurɓacewa da ba a cika lura da ita ba. Muddin akwai ƙarfin ruwa a cikin tiyo, waje yake feshi. Da zarar an ɗauke ruwa, tiyon ya zama fanko, sai ya zuƙo ruwan kwatamin da yake kwance a ciki, ranar da ruwa ya dawo kuma wannan ne farkon abin da zai zuba a bido.

Game da rijiyar, da aka duba ta da kyau an ga ƙofa uku. Bakinta bai fi taƙi ɗaya daga ƙasa ba, yashin da ruwa ke kawowa kowace shekara ya ɗaga ƙasar kewayenta, har ya zamana ruwan layi yana shiga ta baki kai tsaye. Zoben simintin sama ya tsage, ƙasar bayansa ta zaizaye, ruwa na zurarawa ta jikin gini. Ta uku ita ce ƙasar kanta. A fadama ruwa kusa yake, 'yan mitoci kaɗan, kuma ruwan layin yakan kwanta a wani kwari daf da rijiyar ya yi kwanaki yana nutsewa. Yashi yana tace ƙwayoyin cuta idan ruwa ya yi doguwar tafiya a cikinsa ya kuma ɗauki lokaci. Taku goma ba tafiya ba ce. Sinadarin nitirat da ke fitowa daga kashi da taki kuwa yashi ba ya riƙe shi sam, ga shi ba launi ba wari. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa iyakarsa a miligiram 50 cikin lita, saboda haɗarinsa ga jarirai, ta kuma ce kada a samu ƙwayar E. coli, alamar kashi ya shiga ruwa, ko ɗaya cikin mililita 100 na ruwan sha. Bayan waɗannan duka ga guga da igiya da ake yarwa a caɓi a sake jefa su ciki.

Mutanen jihar nan ba sa bukatar a yi musu dogon bayani a kan inda wannan ke kaiwa. Kwalarar 2018 a gundumar Madarunfa ta ɓulla cikin watan Yuli, tsakiyar damina, ta kama mutum fiye da 3,000 a ƙasar. A 2021 ta sake dawowa, Maraɗi na cikin jihohin da suka fi jin jiki.

Abin da aka fara yi, da zaman ƙofar mai unguwa

Kafin a zauna, kowa ya yi ta kansa. Masu hali suka ɗaga dokin ƙofa, suka yi dakali mai faɗi, layin ya ƙara matsewa, ruwa ya ƙara gudu. Marasa hali suka jera buhunan yashi. Kwazazzabon kuma aka riƙa cike shi da shara, har ana roƙon masu amalanken kwasar shara su juye a nan, da niyyar a toshe rami. Wannan dabara ta yaɗu a garuruwanmu, kuma tana cikin mafi muni. Ruwan farko ya kwashe rabin sharar ya kai bakin rijiya, sauran ta jiƙe ta ruɓe a wurin tana tsiyayar da baƙin ruwa har ƙarshen damina.

Bayan ambaliyar 2024, da rani ya shigo hankula suka kwanta, mai unguwa ya tara magidanta a ƙofarsa bayan la'asar. Bukatar da aka fara kawowa ita ce a nemi hukuma ta gina kwata daga sama har ƙasa. Wani magini da ke zaune a tsakiyar layin, wanda ya yi aikin hanyoyi, shi ya ja hankali. Ya ce kwata ɗan aike ce, abin da aka ba ta shi take kaiwa, ba ta ragewa ba ta wankewa, kuma a bakin lambu za ta sauke. Za ta kare ƙofofin tsakiya, ta ninka wa na ƙasa wahala. Ya kawo shawarar a fara rage ruwan tun daga cikin gidaje.

Alhajin da ke da gida mafi girma a sama bai ji daɗin maganar ba. Ya ce: "Ranka ya daɗe, ruwan nan na Allah ne. Ban kira shi ba, ban kuma aike shi gidan kowa ba. Siminti na yi a cikin gidana, da kuɗina."

Dattijo mai lambu ya ce: "Alhaji, ruwa na Allah ne, babu musu. Amma lokacin da mahaifinka yake da rai, Allah ya jiƙansa, ruwan gidanku a gidanku yake kwana. Yanzu a rijiyata yake kwana, kuma ba shi kaɗai yake zuwa ba."

Uwar adashen matan layin, wadda mai unguwa ya aika a kira musamman, daga gefe ta ce: "Baba mai unguwa, mu ba mu san lissafin tano ba. Hanyar likita muka sani, da goyo, cikin dare."

Liman ya kawo hadisin nan da ya ce babu cuta babu cutarwa, da wanda ya hana yin bahaya a mashayar ruwa da kan hanya da inuwar da mutane ke zama. Bai ambaci sunan kowa ba, amma masu buɗe gologo da dare sun ji. Mai unguwa ya rufe da cewa ba a nemi kowa ya farfasa gidansa ba, abin da ake nema kowane gida ya riƙe ruwan rufinsa, kuma kada ƙazanta ta sake fita layi. Alhaji bai amsa a ranar ba. Daga baya shi ne ya sayi simintin gyaran rijiya, kuma a ganina rashin kunyata shi a gaban jama'a ne ya kawo haka.

A zaman wani ya ce me zai hana a bar rijiyar, a haɗa kuɗi a haƙa ta burtsatse mai zurfi. Shawara ce mai kyau ga wanda ke da hali, da sharaɗin a auna ruwan kafin a sha. Tibiri tana nan kusa, kowa ya san yaran da ruwan ƙasa mai zurfi ya lanƙwasa wa ƙashi ya ɓata wa haƙora daga tsakiyar shekarun 1980, saboda yawan sinadarin fuloraid da ke cikinsa. Kuma ko an samu burtsatse, masu lambu da rijiyar za su ci gaba da wanke salati da kabeji da ake kaiwa kasuwa.

Aikin da aka yi

Tushen shirin guda ne: a raba ruwa mai tsabta da mai datti, mai tsabtar a tare shi a sama, mai dattin a hana shi haɗuwa da ruwan sama. Wannan ba baƙon ilimi ba ne a ƙasar Maraɗi. Manoman karkara sun daɗe suna tare ruwa inda ya faɗi, da ramukan rabin wata da na tassa da jeren duwatsu, kuma a jihar nan aka fara sassaben zamani a farkon shekarun 1980, wanda ya mayar da itatuwa gonakin da suka kai miliyoyin eka. Da yawa daga cikin magidantan layin suna yin haka a gonakinsu, ba su dai taɓa tunanin yin sa a ƙofar gida ba.

A gidajen da suka yarda, an sa makwarari a bakin kwano ya kai ruwa tano ko babbar roba mai murfi. Ruwan farkon damina da na mintocin farko na kowane ruwa ana barinsa ya zube, domin shi ke wanko ƙura da kashin tsuntsaye da na ƙadangare. Wanda aka tara na wanki ne da wanka da ban dabbobi. Tano biyu ba za su ɗauke tano 18 ba, don haka rarar ake kaiwa ramin shan ruwa: rami ne mai zurfi da faɗin kamar mita ɗaya zuwa ɗaya da rabi, a cika shi da ɓaraguzan birgi da tsakuwa, a rufe samansa da yashi. Maginin ya kafa sharuɗɗa uku da bai yarda a taɓa ba. Ramin ya nisanci katanga da aƙalla mita 3, musamman ta laka. Ya nisanci salga. Kuma ruwan rufi kaɗai zai shiga, ban da na turke, ban da na gologo. A kan tudu ruwan ƙasa yana da nisa, yashi na da isasshen lokacin tacewa. A gidajen da ke daf da fadama kuwa ya hana a haƙa irin wannan rami gaba ɗaya, domin can kai wa rijiya ne ta ƙarƙashin ƙasa.

A gidan Alhaji an fasa simintin da ke kewaye da bishiyar tsakar gida, aka buɗe fili mai ɗan faɗi, aka saukar da shi ƙasa da daɓen da kamar taƙi guda, aka juya gangaren tsakar gidan ya koma can maimakon rariya. Matan gidan sun shuka zogale a gefen. Turaku kuma an yi musu 'yar rumfa da ɗan tudu kewaye, ana share taki kafin hadari, masu lambu na zuwa da amalanke suna saye.

Layin kansa samarin fada ne suka yi masa gayya. Sun tono sharar da aka cusa a kwazazzabo, aiki mai wari da ba wanda ya yi marmarinsa, aka kai ta juji. Sannan aka gitta layin da ƙananan shingaye na dutsen marmara, tazara-tazara, kowanne bai kai gwiwa ba, tsakiyarsa ta fi gefe ƙasa don ruwa ya bi ta tsakiya kada ya ci gindin katanga. Amfaninsu su karya gudu, yashi ya kwanta a bayansu, layin ya zama hawa-hawa. An sake binne tiyo, an canza wanda ya tsage. A gindin layi, a wani kangon fili da ba a gina ba, an haƙa kwari mai faɗi mara zurfi, nesa da rijiyar, aka karkata ruwan can, aka dasa jema da gamba a bakinsa. Tsohon kwarin da ke daf da rijiya aka cike shi da ƙasa mai tsabta.

Rijiyar an yashe ta, an ɗaga bakinta zuwa ƙugu, an liƙe tsagar, an yi mata daɓen siminti kewaye mai gangara waje, da 'yar hanyar da ke kai ruwan da ya zube can nesa. An yi murfi, an gitta sanda a sama da ƙugiyar rataye guga. Kwamin dabbobi ya koma gefe. Matan gidajen ƙasa kuma ma'aikaciyar lafiya ta nuna musu abu guda da ya kamata kowa ya sani: magungunan tsabtace ruwa, javel ko ƙwayar Aquatabs, ba sa aiki sosai a ruwa mai laka. Sai an bar shi ya kwanta, ko a sa alif ko dakakken ƙwallon zogale, a tace da ƙyalle mai tsabta, sannan a sa maganin a jira rabin sa'a.

Abin da damina ta nuna

A daminar da ta biyo baya, bambancin ya fito a ruwa ƙanana da matsakaita. Wanda a da yake mayar da layin ƙorama, yanzu yakan wuce a hankali, yaro ma ya tsallaka. Shingayen sun cika da yashi tun kafin Agusta, masu gini suka riƙa ɗiba. Rijiyar ta daina yin ja bayan irin wannan ruwa. A nan sai an yi hattara, domin hasken ruwa a ido ba shaidar tsabta ba ce, awo ne kaɗai ke tabbatarwa, shi ya sa ba a daina sa magani a ruwan sha ba.

Da aka yi ruwa mai ƙarfi a tsakiyar Agusta, ramuka suka cika, tanoni suka tumbatsa, shinge biyu suka karye, kwarin gindin layi ya cika ya malala cikin lambu. Rijiyar dai ba ta sha ta baki ba. Ya kamata a faɗi gaskiya a nan: babu ramin tsakar gida da zai tare milimita 150. Irin wannan ruwa sai manyan magudanai da tabkuna da kuma hana gini a kan hanyarsa. Amma yawancin ranakun ruwa a shekara ƙanana ne, kuma su ne ke wanko datti a kai a kai, saboda haka wanda ya tare su ya rage babban kaso na ƙazantar da ke isa fadama.

An kuma samu tangarɗa. Wani gida ya haɗa ruwan wanke-wanke da ramin, maiƙo da dusa suka toshe shi cikin 'yan makonni, ya koma kwatami. Wani ya haƙa nasa kusa da katangar maƙwabci ta laka, ta jiƙe ta fara zubewa, sai da mai unguwa ya shiga tsakani aka cike ramin. Tanon da aka bari a buɗe ya cika da 'ya'yan sauro, domin mako ɗaya zuwa kwana goma ya ishe su su tashi. Ƙa'idar ita ce duk ruwan da aka tare a fili ya nutse cikin kwana ɗaya ko biyu, na tano kuma a rufe shi. Masu gyaran babur sun karɓi shawarar tara baƙin mai a bido, sun yi na ɗan lokaci, wasu sun koma gidan jiya.

Matsalar da ta fi ci mini rai ita ce ta 'yan haya. Gidajen haya su ne mafi cunkoso, salgarsu ke saurin cika, gologonsu ke fara tumbatsa, amma ɗan haya ba shi da ikon fasa daɓe ko haƙa rami, mai gidan kuma yana wata unguwa, ruwan bai taɓa shiga ɗakinsa ba. Kusan duk gidajen da ba a yi komai a cikinsu ba irin waɗannan ne. Kuɗin kiran motar kwasar salga ma ya fi ƙarfin da yawansu. Matan adashe sun fara ware wani abu don wannan, gida-gida bi da bi, kuma shi ne ya rage buɗe gologo da dare fiye da duk wani gargaɗi.

Akwai abin da ya fi ƙarfin layi. Ruwan titin kwalta har yanzu yana shigowa ta sama, kuma babu mai ikon taɓa shi sai hukuma. Garin ya samu sababbin tituna da gine-gine, musamman lokacin bikin Maraɗi Kwalliya na 18 ga Disamba 2015, kuma kowane sabon titi yana bukatar a san inda ruwansa zai sauka da abin da zai tarar a can. A ra'ayina, layukan gangare irin wannan sun fi dacewa da shimfiɗar pave, wato jeren ƙananan tubalan siminti, da itatuwa a gefe, a kuma gina wurin da ruwa zai huce ya sauke yashinsa a ƙarshen kowace magudana kafin ya shiga fadama. Tabkunan da suka rage a cikin gari a daina cike su da shara ana yanka filaye. Jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo tana garin nan da ɗalibai masu karatun ƙasa da ruwa, auna rijiyoyin bakin fadama kafin damina da bayanta aiki ne da zai amfane su ya amfani unguwanni. Tun da aka gina madatsar Jibiya a jihar Katsina, zuwan gulbin ya dogara da abin da aka sako daga can, wannan ya ƙara wa ruwan da ke gangarowa daga gari muhimmanci ga rijiyoyin fadama, mai kyau ne ko mara kyau.

Kangon filin da aka haƙa kwarin a cikinsa yana da mai shi, aro ya bayar, kuma ya sanar da mai unguwa cewa yana da niyyar gini. In ya gina, ruwan zai koma tsohuwar hanyarsa ta bakin rijiya. Mai unguwa da dattijo mai lambu sun kai takarda ma'aikatar magajin gari suna neman a musanya wa mutumin da wani fili, a bar wannan a matsayin mazaunin ruwa. Kafin amsa ta fito, an sa gayyar yashe kwarin da gyaran shingayen da suka karye a watan Mayu, gabanin ruwan farko.